Fim Ɗin Da Rabinsa Kawai Ya Isa Moriki

A shekarun da aka ba mu jihar Zamfara, ni saurayi ne ɗan Kaura Namoda wanda zama wuri ɗaya yake yi wa wuya. Mahaifina ma'aikacin jirgin ƙasa ne, ya rasu ina ƙarami, sai kawuna na Moriki ya ɗauki nauyinmu ni da mahaifiyata. Na gama sakandare ba da wani sakamako na a zo a gani ba, abin da kawai aka san ni da shi a makaranta shi ne wasan kwaikwayo. Daga nan na bi motar hatsi zuwa Kano, na faɗa cikin masu shirya fim, ina ɗaukar musu fitila da waya. Edita, ba zan faɗi sunana ba, ba kuma zan faɗi na kowa ba, domin duk waɗanda abin ya shafa suna raye, in ban da mutum ɗaya. Saboda shi nake wannan rubutu.

A Kano ne aka gane ina da ido a kan mutane, har hakan ya zama sana'ata. Manyan taurari furodusa ne ke ɗauko su da kansa, tun da su ke sayar da kaset. Amma labari ba ya tsayuwa da taurari kaɗai. Akwai mai unguwa, akwai direba, akwai tsohuwa mai daddawa, akwai maƙwabcin da ke leƙe ta katanga, kuma duk waɗannan sai an nemo su. Ni ne mai nemowa. Sai a ba ni labarin in karanta, in fita tasha ko bakin kasuwa in zauna ina kallon masu wucewa. Idan na kawo mutum ba na fara ba shi magana ya haddace. Sai in ce ya fita ya sake shigowa da sallama, ya cire takalmi, ya zauna, in miƙa masa ruwa ya sha. A nan nake gane wanda idonsa zai riƙa gudu zuwa kyamara da wanda zai manta da ita. Abin da na fi dubawa shi ne hannu. Na lura ana iya koya wa mutum magana cikin yini guda, amma ba a iya koya wa hannunsa aikin da bai taɓa yi ba. Daraktoci suka fara nemana da suna, ni kuwa kaina ya fara girma. Na kai matsayin da in na ga mutum ba na ganin ɗan wane ne ko me yake ci da shi, abin da nake gani kawai shi ne inda zai dace a labari.

Ba a daɗe da ƙaddamar da Shari'a a jiharmu ba, wani darakta ya kawo labarin ƙauye mai kashi biyu, kamar yadda ake fitar da finafinai a lokacin. A kashi na farko za a ga wani mutum ya shiga wani gida da rana tsaka, mutane suna gona, ya kwance saniya ya tafi da ita, a kama shi a ɗaure. A nan kaset ɗin zai ƙare. Sai a kashi na biyu za a gane cewa saniyar ta wata tsohuwa ce da aka sace mata, shi kuwa ya gane ta ne ya kwance don ya mayar wa mai ita. Mun fara gwadawa da wani ɗan wasa ɗan birni. Da ya matsa kusa, saniyar ta juyo ta hura hanci, ya saki igiya ya haye katanga, takalminsa ɗaya a ƙasa. Da aka gama dariya darakta ya dube ni ya ce in je duk inda zan je in nemo masa mutumin da shanu suka sani. Kafin ya rufe baki na riga na ga fuskar da nake so.

Ɗan kawuna ne, taubashina, ya girme ni da shekaru. Dogo ne, ba shi da yawan magana a gaban baƙi, yana da tabon ƙaho a kumatunsa tun yana yaro. Dillali ne a karar Moriki, wato kasuwar shanu, ranar kasuwar Shinkafi kuma can yake wuni. Wanda bai san kara ba zai ɗauka aikin dillali shi ne haɗa mai saye da mai sayarwa. Babban aikinsa ba shi ne ba. Idan baƙo ya kawo sa, mai saye ba ya tambayar baƙon, dillali yake tambaya ko ya tsaya masa. In dillali ya ce ya tsaya, ma'anarsa ya san garken da dabbar ta fito, ya san mai ita, in kuma daga baya ta zama ta sata to wuyansa ne. Ɗan kawuna ba shi da garke, ba shi da shago. Wannan kalmar ita ce duk abin da ya mallaka, ita ya gada daga kawu, da ita yake ciyar da gidansa da mahaifiyata.

Na same shi a Shinkafi ranar kasuwa, a ƙarƙashin rumfa yana shan fura. Da ya hango ni sai ya ɗaga murya ya ce wa abokansa ga bawansa da ya gudu birni ya dawo, a duba ko ya zo da goron ubangidansa. Na ce ai bawa ba ya sa takalmi irin nawa, shi ne mai yawo da kashin shanu a ƙafa. Haka muke tun muna yara, kowa na cewa ɗaya bawansa ne. Da aka watse na faɗa masa abin da ya kawo ni. Ya ajiye ludayi ya dube ni, ya tambaye ni ko rana ce ta taɓa min kai a mota. Ya ce a wannan lokaci da ko'ina maganar satar shanu ake yi da hukuncinta, shi dillali, zan sa ya kwance saniyar mutane a gaban duniya? Na ce masa ai wasa ne. Ya ce ni na san wasa ne, Moriki fa? Sai na kawo masa hujjoji biyu da na taho da su tun daga Kano. Na ce an rufe gidajen kallo a jihar nan kaf, ba wanda zai gani a Moriki. Na ce ko da an gani, kashi na biyu zai wanke shi tas, har ya fi kowa mutunci a labarin. Ya koma juya furar. Can ya yi min tambaya irin ta kara, ya ce to na tsaya masa? Na ce na tsaya. Ya ce shi ke nan, taubashi ba ya roƙo a hana shi, amma in sani ba don fim zai je ba, don kada a ce bawansa ya ji kunya a birni.

Ya bi motar shanu zuwa Kano, a gida an san fatauci ya tafi. A wani ƙauye bayan gari muka yi aikin. Har yau in na rufe ido ina ganin yadda ya shiga gidan nan. Bai dubi kyamara ba, bai ma dubi igiyar ba. Ya tsaya daga gefe har saniyar ta shaƙi warinsa, ya yi wani ɗan sauti ƙasa-ƙasa a maƙogwaro, ya sosa mata ƙarƙashin wuya, da hannu ɗaya ya zare ɗaurin daga turke. Ya juya ya kama hanya, saniyar ta bi shi igiya na reto, ko ja bai yi ba. Darakta ya manta bai ce a tsaya ba. Ba a sake ɗauka ba, wannan ɗin aka sa. Kowa ya zo yana dafa kafaɗata, ana cewa ina na samo wannan mutum. A ranar na ji babu kamata a sana'ar nan. Da aka zo yin hoton bangon kaset, suka sa shi a gefen tauraron fim ɗin, da igiya a hannu da tabon nan a kumatu, don hoton ya fi kowanne kyau. Na gani kafin a buga, na kuma ji daɗi. Kashi na biyu kuwa darakta ya ce sai kaka, domin labarin yana buƙatar hatsi a tsaye.

Lissafina na farko shi ya fara rushewa. Gaskiya ne an rufe gidajen kallo, amma kaset bai daina shigowa ba, wuri kawai ya sake. Ya koma cikin jakar 'yan kasuwa, ya koma cikin gidajen masu janareta, a rufe ƙofa a rage murya. Da a gidan kallo ne, da jama'a sun gani tare, sun ga tauraron da suka sani, sun yi dariya sun san wasa ne. Amma yanzu kaɗan ne suka gani, da yawa ji suka yi. Wanda ya gani kuma ba zai yarda ya ce ya gani ba, sai dai ya ce an ce. Kafin maganar ta zagaya daga cikin gidaje zuwa majalisa, daga majalisa zuwa kara, kalmar fim ta faɗi a hanya. Abin da ya rage shi ne an ga wane a kaset yana kwance saniyar mutane, an kama shi an ɗaure. Akwai dattawan da ba su taɓa kallon fim ba, a saninsu kyamara abin da ya faru take ɗauka. Su kuwa waɗanda suka san wasa ne, abin da suka ce ya fi ciwo. Suka ce sun yarda wasa ne, amma irin wannan kwancewa ba a wasa ake koyonta ba. Abin nan da na zaɓe shi dominsa, shi ya zama shaida a kansa.

Ba wanda ya kai shi ƙara, ba wanda ya ce masa ɓarawo a gaban idonsa. Da an yi hakan ma da ya fi sauƙi, da ya sami inda zai tsaya ya kare kansa. Abin da ya faru kawai shi ne makiyayan da suka saba ɗaure shanunsu a wurinsa suka fara wucewa gaba, su gaishe shi da kyau, su tambayi iyali, su ɗaure a turken wani. Mai saye ya tambaye shi ko ya tsaya, ya ce ya tsaya, sai mai sayen ya waiga yana neman wani ya ƙara tsayawa. Ana cikin haka wani sa ya ɓace a wani ƙauye kusa. An gano shi daga baya a daji, amma kafin nan shugaban dillalai ya riga ya kira ɗan kawuna gefe, ya ba shi haƙuri, ya ce ya ɗan huta da zuwa kara har ƙura ta lafa. Mahaifiyata ce ta aiko min da saƙo ta bakin wani direba, ta ce in zo in ga abin da na yi.

Daga nan ban sake samun natsuwa ba. Hanyar Kano zuwa Gusau, Gusau zuwa Kaura, Kaura zuwa Moriki, na bi ta har direbobi suka daina tambayata inda za ni. In ina Kano hankalina yana Moriki, in na isa Moriki ba na iya zama, sai in ga kamar a Kano maganin yake. Na je wurin furodusa, ya ce kashi na farko bai yi kasuwa ba saboda waƙa ta yi kaɗan, shi ya koma labarin soyayya. Na je wurin darakta, na tarar sun ɓata da tauraron, ba sa ko gaisawa. Kaka ta zo ta wuce, aka girbe hatsin da muke jira. Na roƙi wani mai kyamara mu ɗauki ƙarshen labarin ko a taƙaice, ya tambaye ni wa zai sayi kashi na biyu ba tauraro, wa kuma zai kai shi gidajen da na farko ya shiga. Na je wurin wani limami a Moriki na zayyana masa komai. Ya saurare ni da kyau, mutumin kirki ne. Ya ce zai iya yin magana bayan salla, amma in sani in ya yi, ya sanar da gari ke nan da bakinsa cewa dillali ya je Kano ya yi fim, a lokacin da ake ganin hakan wani abin kunya ne na daban. Ya ce in tambayi mai abin tukuna. Na tambayi ɗan kawuna, ya ce a'a. Ya ce bai saci komai ba, ba zai tsaya a masallaci ana roƙa masa yarda kamar sadaka ba.

Aikin ma ya gagare ni. In zauna a tasha ina kallon mutane kamar da, in ga fuskar da ta dace da mugu, sai in kama kaina ina tunanin ko me yake sayarwa, ko su wa ke ba shi amana, ko ɗiyansa nawa. In tashi in bar wurin. Daraktoci suka ce idona ya mutu, suka sami wani.

Ɗan kawuna kuwa bai taɓa ɗaga min murya ba. Ya kwashe iyalinsa ya koma Dauran, wurin dangin matarsa, suka ba shi gona. Mutumin da ya tashi cikin shanu ya koma duƙe a kan gero da dawa, ba don ya iya ba. Matarsa ta faɗa min cewa ranar kasuwar Moriki ba ya zuwa gona, ba ya kuma zama a gida, sai ya fita bakin hanya ya tsaya yana kallon shanun da ake korawa, yana faɗa wa kansa wanne zai yi daraja. Bayan 'yan damuna ciwo ya kama shi. Ba zan ce fim ne ya kashe shi ba, kwanansa ne ya ƙare, kuma ina tsoron Allah a kan abin da ban sani ba. Abin da na sani shi ne mutumin da na tarar kwance a rumfa ranar da na je duba shi ba shi ne wanda na samu yana shan fura a Shinkafi ba.

Da ya gan ni ya yi murmushi ya ce a shimfiɗa wa bawansa buhu, tabarma ta fi ƙarfinsa. Aka shimfiɗa buhun, na zauna kusa da shi. Ya tambaye ni ko har yanzu mutumin nan na cikin kaset yana ɗaure, ko an tuna an kwance shi. Na ce yana nan ɗaure. Ya ce to tun da Kano ta gaza, in kwance shi da bakina. Ya sa aka kira matarsa da ɗiyansa suka zauna, ya ce in ba su ƙarshen labarin tun daga inda aka tsaya. Na ba su. Na faɗi yadda tsohuwar ta zo tana dogara sanda, yadda saniyar ta ji muryarta ta yi kuka ta nufe ta, yadda mai gari ya sa aka kwance mutumin a gaban jama'a aka ba shi haƙuri. Yana saurare ido a rufe. Da na gama ya ce ashe mutumin kirki ne, da ma Moriki sun yi haƙuri sun jira. Sai ya ce wa iyalin su ba mu wuri. Ya ce min akwai abin da ya kamata ya koya min tun ina yaro bai koya min ba, laifinsa ne. Ya ce dillali ba ya tsaya wa dabbar da bai san garkenta ba, ko da ta ɗan'uwansa ce, ni kuwa na tsaya wa labarin da ƙarshensa ba a hannuna yake ba. Ya ce amma ya sake ni, babu komai a wuyana, in daina wannan yawo a mota in zauna wuri ɗaya. Bai kai wata kasuwar Moriki ba.

A wurin zaman makoki mutanen kara sun zo da yawa, har da shugaban dillalai. Wani dattijo ya yi addu'a mai tsawo, a ciki ya roƙi Allah Ya yafe wa mamaci abin da ya aikata a baya, ya ce ai kowa yana kuskure. Aka shafa. Ni ban iya shafawa ba. Na miƙe a gaban manya, abin da ba a yi, na ce ni ne na kai shi, ni na roƙe shi, saniyar nan an aro ta ne daga mai ita yana tsaye a bayan kyamara. Na ba su ƙarshen labarin kamar yadda na ba ɗiyansa. Wasu suka sunkuyar da kai, wasu suka ce Allahu Akbar. Dattijon nan ya dube ni, ba da mugunta ba ko kaɗan, ya ce ɗana, wannan magana ta yi daɗin ji, in kashi na biyun ya fito a kawo musu su gani don zuciya ta natsu.

Yanzu ina Kaura, ina ɗinkin buhu a kasuwar hatsi, ɗiyansa biyu suna hannuna. Ya ce in zauna wuri ɗaya, jikina ya zauna. Ban zargi mutanen Moriki ba, abin da aka nuna musu suka gani. Ban kuma ce sana'ar fim mugun abu ce ba, akwai masu yin ta da tsoron Allah, na ci abinci da ita. Kirana ga masu aikin da na yi ne, masu zaɓen wanda zai hau kowane matsayi. Ɗan wasan da aka saba gani, yau sarki gobe ɓarawo, in an gama ya wanke fuska ya tafi gida, kowa ya san shi. Amma mutumin da ka ɗauko daga kasuwarsu fuska ɗaya gare shi, da ita zai koma, cikin mutanen da ba su karanta labarin da ka karanta ba. Kafin ka duba ko ya dace da matsayin, ka tambayi da me yake ci, ka tambayi su wa za su gani, ka tambayi kanka ko kana nan lokacin da za su gani. Sauran masu karatu kuma, kowace irin sana'a kuke yi, in wani ya yarda da ku har ya tambaya ko kun tsaya masa, kada ku amsa sai kun ga abin har ƙarshensa da idonku. Ni na amsa da rabi a hannuna. Ina roƙon duk wanda ya karanta wannan ya sa ɗan kawuna a addu'a. Bai taɓa ɗaukar abin kowa ba.